Lasin Tuƙi da Katin Shaidar Jiha a Amurka: Yadda Za Ka San Wanda Doka Ta Yarda Ka Riƙe, da Yadda Ake Nema

A Najeriya mutum kan tara katin ɗan ƙasa da lasin tuƙi da katin zaɓe a aljihu ɗaya, ba mai ce masa don me. A yanzu ma sai da lambar NIN ake yin lasin. Haka abin yake a Ghana da Nijar, katin ɗan ƙasa daban, takardar tuƙi daban. Shi ya sa ɗan'uwanmu da ya sauka Amurka yakan ɗauka cewa yawan kati shi ne yawan tsaro, sai ya nufi ofishin lasin da niyyar ya karɓi biyu, ɗaya na aljihu ɗaya na ajiya. A can lissafin ba haka yake ba. Amurka ba ta da katin ɗan ƙasa guda ɗaya na kowa da kowa. Jihohi ne ke bayar da shaida, kuma lasin tuƙin da jiha ta ba ka shi ne katin shaidarka: da shi za ka buɗe asusun banki, ka karɓi saƙo a gidan waya, ka kama haya. Katin shaidar jiha kuwa an yi shi ne musamman don wanda ba ya tuƙi. Ofishi ɗaya ke yin su, kamanninsu kusan ɗaya, bambancin kawai shi ne ɗaya ya ba ka izinin kama sitiyari, ɗayan bai ba ka ba.

To, za a iya riƙe su biyun a lokaci guda? Ya danganta da jihar da kake zaune, da kuma irin katin. Ga yadda ake bin abin daki-daki.

Mataki na farko: fahimci dokar tarayya, domin ita ke saman kowa

Bayan harin 11 ga Satumba 2001, majalisar dokokin Amurka ta zartar da dokar REAL ID a 2005, wadda ta gindaya wa jihohi sharuɗɗan da za su cika kafin gwamnatin tarayya ta amince da katunansu. An yi ta ɗage ranar fara aiki da ita shekara da shekaru, har sai ranar 7 ga Mayu 2025 aka fara tilastawa a filayen jirgin sama. Katin da ya cika sharuɗɗan yana ɗauke da tauraro a sama, galibi ta hannun dama. A Kalifoniya hoton dabbar beyar ne mai ruwan zinare da tauraro a jikinta. Wanda bai cika ba kuma akwai rubutu a kansa da ke nuna hakan: a Kalifoniya "Federal Limits Apply", a New York "Not for Federal Purposes".

Ƙa'idar da ta shafe mu tana cikin dokokin Ma'aikatar Tsaron Cikin Gida, sashe na 37.29, kuma abu uku ta faɗa. Mutum ɗaya, kati mai tauraro ɗaya: ba za ka riƙe lasin mai tauraro da katin shaida mai tauraro a tare ba, ko a jiha ɗaya ko a jihohi biyu. Na biyu, tarayya ba ta hana ka haɗa mai tauraro da marar tauraro ba, sai dai idan jiharka ce ta hana. Na uku, kafin jiha ta ba ka lasin mai tauraro, dole ta bincika ko kana da wani a wata jiha, in kana da shi kuma sai an tabbatar an soke shi.

Wannan binciken ba na fatar baki ba ne. Akwai tsarin kwamfuta da ake kira S2S, ƙarƙashin ƙungiyar hukumomin lasin ta AAMVA, wanda jihohi ke amfani da shi suna tambayar juna. Akwai kuma rajistar direbobi ta ƙasa, inda ake shigar da sunan duk wanda aka dakatar da lasinsa ko aka ƙwace. Zamanin da mutum zai yi lasin a Meriland ya sake yin wani a New York ya ɓoye, ya wuce. Direbobin manyan motoci ma tun 1986 doka ta ɗaure su a kan lasin guda.

Mataki na biyu: duba dokar jiharka

Nan ne ake rabuwa. Kalifoniya ta yarda ka riƙe lasin da katin shaida duka biyu, amma ɗaya ne kaɗai zai ɗauki tauraro, kai za ka zaɓa. Teksas ba ta yarda ba, sai ka miƙa ɗaya kafin a ba ka ɗayan. Fulorida ma haka, Ohayo ma haka. A New York, inda Hausawan Ghana da Nijar da Najeriya suka yi yawa, musamman a Bronx, katin shaida na wanda ba shi da lasin ne. Mai lasin da yake son katin sai dai ya yi musanya.

Kada ka dogara da abin da wani ya faɗa maka a masallaci ko a majalisa, ko da kuwa ya shekara 20 a ƙasar. Mai yiwuwa gaskiya ya faɗa, amma gaskiyar jiharsa ce, ko kuma ta shekarun baya kafin a sauya doka. Shiga shafin intanet na hukumar jiharka, ka tabbatar adireshin na hukuma ne, wanda galibi yake ƙarewa da .gov, domin akwai shafukan 'yan kasuwa da suke kwaikwayon na gwamnati suna karɓar kuɗi a kan fom ɗin da kyauta ne. Sunan hukumar ma ya bambanta. A New York da Kalifoniya DMV ce, a Teksas DPS, a Ohayo BMV, a Meriland MVA, a Jojiya DDS, a Mishigan da Ilinoi kuwa ofishin Sakataren Jiha ne ke bayarwa.

Mataki na uku: tambayi kanka me kake nema da kati na biyu

Yawanci amsar ita ce, "don kada na jefar da lasin in rasa shaida." Damuwa ce mai ma'ana, amma katin jiha ba shi ne maganinta ba. Fasfonka na gida shaida ne da jami'an tsaron filin jirgi na TSA ke karɓa, muddin bai ƙare ba. Katin zama na dindindin, wato girin kad, shi ma ana karɓa, haka katin izinin aiki. Wanda ya zama ɗan ƙasa zai iya neman ƙaramin katin fasfo na Amurka, girmansa ɗaya da lasin, ya ajiye shi a gida. Mazaunin birnin New York kuma yana da katin IDNYC, wanda birnin ya fara bayarwa a 2015, kyauta, ba tare da tambayar matsayin zama ba. Shi wannan na birni ne, don haka riƙe shi tare da lasin bai saɓa wa doka ba, amma ba ya hawa jirgi kuma ba ya tuƙi.

A ganina, mai lasin da ke aiki ba shi da buƙatar katin jiha ko a inda aka halatta. Kuɗi biyu ne, ranar ƙarewa biyu, canjin adireshi sau biyu. Waɗanda katin jiha ya dace da su su ne: wanda bai iya tuƙi ba tukuna, uwargida ko dattijon da aka ɗauko daga gida ba su da niyyar tuƙi, ɗalibi, wanda ciwon ido ko wata larura ta hana shi tuƙi, da wanda aka dakatar da lasinsa. Jihohi da dama suna ba wanda aka dakatar katin shaida ya riƙe kafin wa'adinsa ya cika. A Kalifoniya katin kyauta ne ga mai shekara 62 zuwa sama, a Ohayo kuma tun 2023 kyauta ne ga duk mai shekara 17 zuwa sama.

Ga inda ake faɗawa rami. Mutum yana da lasin wata jiha, ya koma sabuwar jiha, ya ga layin neman lasin da tsawo ko yana gudun jarrabawa, sai ya ce bari ya karɓi katin shaida kawai ya ci gaba da tuƙi da tsohon lasin. A jihohin da ba su yarda da biyu ba, karɓar katin nan na nufin miƙa tsohon lasin, kuma saƙo zai tafi jihar farko a soke shi. Ko da robar ta rage a aljihunsa, a kwamfutar ɗan sanda ta mutu. Tuƙi da ita tuƙi ne ba lasin, ga tara, ga rigima da kamfanin inshora in aka yi haɗari. Ga mai tasi ko Uber kuwa abincinsa ne ya tsaya, domin a birnin New York lasin da hukumar tasi ta birnin, wato TLC, ke ba direbobin haya a kan lasin jiha yake tsaye. Kafin ka sa hannu a kowace takarda, tambayi ma'aikacin kai tsaye: "In na karɓi wannan katin, me zai sami lasina?"

Mataki na huɗu: tara takardu, kuma ka daidaita sunanka

Don kati mai tauraro, ko lasin ne ko katin shaida, abubuwan da ake nema iri ɗaya ne: shaidar ko kai wane ne da ranar haihuwa, shaidar halaccin zamanka a ƙasar, lambar Soshal Sikiyuriti (lambar da gwamnatin tarayya ke ba mutum don aiki da haraji), da takardu biyu masu ɗauke da sunanka da adireshin gidanka, kamar takardar kuɗin wuta, yarjejeniyar haya ko bayanin asusun banki. Na asali ake so, ba hoto ba. Wanda bai cancanci lambar soshal ba, sai ya je ofishin hukumar soshal ya karɓo wasiƙar da ke tabbatar da hakan. New York tana da nata tsarin na maki: kowace takarda da makinta, sai ka haɗa maki 6, ka cike fom ɗin MV-44.

Takardun adireshi su ne ke wahalar da sabon zuwa, tunda a ɗakin wani ɗan'uwa ya sauka, babu takardar wuta ko ta haya da sunansa. Mafita ita ce ka buɗe asusun banki da wuri da adireshin inda kake kwana, ka yi rajistar layin waya da sunanka, takardu su fara zuwa. Wasu jihohi kuma suna da fom da mai gidan zai sa hannu ya shaida a wurinsa kake. Abin da ba a yi shi ne aron adireshin aboki a wata jiha don an ce inshorar can ta fi araha. Bayar da adireshin ƙarya a fom ɗin gwamnati laifi ne, kuma ga baƙo yana iya biyo shi har ranar neman zama ɗan ƙasa.

Sai maganar suna, wadda ta fi damun mutanenmu fiye da kowa. Fasfo ya ce Muhammad, katin soshal ya ce Mohammed, takardar banki ta ce Mohd. Ɗan Nijar fasfonsa Mahamadou ne ko Aboubacar, amma a wurin aiki ya rubuta Abubakar. Wani a wata takarda sunan mahaifi ne sunan dangi, a wata kuma sunan gari, Ƙaura ko Gwarzo. Mu dai mun san mutum ɗaya ne, kwamfuta ba ta sani ba. Ma'aikacin zai tura bayananka zuwa tsarin SAVE na hukumar shige da fice da kuma hukumar soshal, harafi ɗaya ya saɓa sai a ce ka dawo. Saboda haka ka shimfiɗa takardunka a gida ka karanta harafi-harafi. Sunan da ke kan takardar shige da ficenka shi ne ginshiƙi, sauran su za a gyara su bi shi, kuma ofishin soshal ake fara zuwa kafin ofishin lasin. Matar da ta sauya suna bayan aure ta riƙe takardar auren, in ba da Turanci aka rubuta ta ba a nemi fassarar da hukumar ke amincewa da ita. A kula da kwanan wata ma: Amurkawa wata suke fara rubutawa kafin rana, wanda aka haifa 3 ga Afrilu zai rubuta 04/03, ba 03/04 ba.

Mai bizar wucin gadi, kamar ɗalibi ko ma'aikaci, zai iya samun mai tauraro, amma wa'adinsa zai ƙare tare da izinin zamansa. Wanda ba shi da takardun zama ba zai sami mai tauraro ba ko kaɗan, sai dai wasu jihohi suna ba shi lasin marar tauraro: Kalifoniya tun 2015 ƙarƙashin dokar AB 60, New York tun Disamba 2019. A lura, dokar ta New York lasin tuƙi ta shafa, ba ta haɗa da katin shaidar jiha ba. Teksas da Fulorida kuwa ba sa bayarwa sam.

Mataki na biyar: ranar zuwa ofis

Nemi lokacin ganawa ta intanet tun da wuri, a manyan birane yakan ɗauki makonni. Karon farko na kati mai tauraro galibi sai ka je da ƙafarka. Za a ɗauki hoto. Hijabi da hula ta addini ba matsala ba ne muddin fuska a buɗe take daga goshi zuwa haɓa, kodayake wasu jihohi kan nemi ka sa hannu cewa don addini ne. Mai neman lasin za a gwada idonsa, ya yi jarrabawar rubutu, daga baya ta tuƙi. Mai neman katin shaida ba ruwansa da jarrabawa.

A fom ɗin akwai tambayar ko kana riƙe da lasin ko katin wata jiha. Faɗi gaskiya, domin sun riga sun gani a allonsu. Za a karɓi tsohon, ko a huda shi a mayar maka.

Akwai tambaya ɗaya da ta fi duk sauran haɗari, kuma sau da yawa a kan ƙaramin allon sa hannu take fitowa, mutum na sauri yana danna "eh, eh". Wata doka ta 1993 ta wajabta wa ofisoshin lasin na yawancin jihohi su yi wa mutane tayin rajistar zaɓe. In ba ka zama ɗan ƙasa ba, ko da kana da girin kad, amsarka a'a ce. Yin rajistar zaɓe ko iƙirarin zama ɗan ƙasa alhali ba haka ba ne yana iya jawo korar mutum daga ƙasar da rufe masa ƙofar zama ɗan ƙasa, kuma "ban gane Turancin ba" uzuri ne mai wuyar karɓuwa. Karanta kowane allo a natse. In ka raka mahaifiyarka ko wani dattijo, tsaya kusa da su ka fassara musu. In daga baya katin zaɓe ya zo maka ta gidan waya ba ka nema ba, kada ka yi amfani da shi, nemi lauyan shige da fice. Za a kuma tambaye ka ko ka yarda a yi kyautar sassan jikinka bayan rasuwa; wannan zaɓinka ne, ƙin yarda ba ya hana ka kati. Samari masu shekara 18 zuwa 25 kuma, a jihohi da yawa neman lasin yana haɗe da rajistar Selective Service, wato rajistar mazan da za a iya kira aikin soja in buƙata ta taso, wadda ta wajaba a kan yawancin maza mazauna ƙasar har da baƙi.

A yawancin jihohi ba a ba ka katin a ranar. Takardar wucin gadi za a ba ka, katin ya biyo ta gidan waya bayan 'yan makonni. Takardar tana tuƙi, amma TSA ba ta karɓar ta, don haka in kana da tafiya a tsakani riƙe fasfonka. Ka kuma tabbatar sunanka yana jikin akwatin wasiƙun gidan, in ba haka ba katin zai iya komawa inda ya fito.

Mataki na shida: idan ka tashi zuwa wata jiha

Kowace jiha na da wa'adin da ta ba sabon mazauni ya canza lasinsa: kwana 10 a Kalifoniya, 30 a New York da Fulorida, 90 a Teksas. Mai lasin wata jihar Amurka da bai ƙare ba galibi gwajin ido kawai zai yi a musanya masa, kodayake Kalifoniya kan sa a yi jarrabawar rubutu. Kafin ka tashi, biya duk tarar da ake bin ka a tsohuwar jiha. In sun dakatar da lasinka saboda tikitin da ka manta, sabuwar jihar za ta gani a rajistar ƙasa, ba kuma za ta ba ka nata ba sai ka wanke kanka a can.

Lasin gida, na Najeriya ko Ghana ko Nijar, maganarsa daban. Mai ziyara yana iya tuƙi da shi na ɗan lokaci gwargwadon dokar jiha, amma da zarar ka zama mazauni sai ka nemi na jihar, kuma ka shirya wa jarrabawa daga tushe. Lasin ƙasa da ƙasa da wasu ke taƙama da shi fassara ce kawai ta lasin gida, ba ya tsayawa shi kaɗai.

Ko a cikin jiha ɗaya ka sauya gida, sanar da ofishin lasin: kwana 10 a New York da Kalifoniya, 30 a Teksas. Wanda ba ɗan ƙasa ba kuma akwai sanarwa ta biyu da zai yi wa hukumar shige da fice cikin kwana 10, da fom ɗin AR-11. Sanar da ɗaya bai wadatar da ɗayan ba.

Mataki na bakwai: sauya ɗaya zuwa ɗayan

Daga katin shaida zuwa lasin, hanya a miƙe take: ka ci jarrabawa, a karɓi katin in jihar ba ta yarda da biyu ba, a ba ka lasin. In a Kalifoniya kake kuma tauraron yana kan katin shaida, ka yanke shawarar inda kake son ya zauna. Ya fi dacewa ya koma kan lasin, tunda shi ne kullum a aljihu.

Daga lasin zuwa katin shaida kuwa, a yi tunani sosai, domin dawowa ba lallai ta zo da sauƙi ba. In lokaci ya ja, sai an sake jarrabawa. Ga dattijon da ido ko lafiya suka gaza, 'ya'ya su lallashe shi ya miƙa da kansa, ya fi a jira hukuma ta ƙwace bayan haɗari. Kalifoniya tana musanya wa irin wannan mutum lasinsa da katin shaida kyauta.

Jihohi biyar, New York da Mishigan da Minesota da Bamont da Washinton, suna da wani nau'i na uku da ake kira Enhanced, mai ɗauke da tutar Amurka. 'Yan ƙasa kaɗai ake ba wa, yana hawa jirgin cikin gida, yana kuma dawo da mutum daga Kanada ko Meziko ta mota ko ta ruwa, amma ba ta jirgin sama ba. In katinka ya ɓace, ko wane iri ne, nemi madadinsa a hukumar da ta ba ka, sau da yawa ta intanet ma ana yi, maimakon ka je neman wani nau'in kati daban. In tsohon ya ɓullo daga baya a ƙarƙashin kujerar mota, datse shi da almakashi, ka ci gaba da amfani da sabon.